Ƙaramin-Aiki da Kayan Mutane

A layin da 'yan ƙasarsu suka fi taruwa a wannan birni na nesa, babu wanda bai san Ƙaramin-Aiki ba. Ba sunan yanka ba ne, bakinsa ne ya jawo masa. Ka ce motarka ta ƙi tashi, ya ce ƙaramin aiki ne. Ka ce haƙori ya hana ka sakat, ƙaramin aiki ne. Sana'arsa ta gaskiya kuwa wanki da guga, a wani ɗan shago da suke riƙe da shi shi da matarsa. Ita tana gaba tana karɓar kaya, shi yana ciki yana fama da tururi da surutu.

Shekaru sun ja bai leƙa gida ba. Duk sanda mahaifiyarsa ta kira, sai ya manna wayar a fuska yadda ba a ganin komai sai hancinsa, ya gyara murya.

"Inna, ai nan likitoci da matuƙan jirgin sama layi suke yi a gabana. Shugaban ƙungiyarmu ma sai ya jira na gama."

Ba ƙarya ya yi ba, bai dai faɗa mata abin da suke jira ba.

Ran nan Inna ta kira, muryarta ba kamar kullum ba. Ta ce, "Auta, yanar idon nan tana ta cin gaba. Jiya na gai da buhun gawayi, na zaci maƙwabciya ce. Ina so in gan ka sosai, daga sama har ƙasa, a wurin aikinka, tun ina iya bambance fuska. Na gaji da kallon hancinka."

Ya ce, "Ƙaramin aiki ne, Inna." Amma da ya ajiye wayar sai ya rasa yadda zai yi, don yana son tsohuwar nan kamar ransa, kuma kunyar ta gan shi da dutsen guga a hannu ta fi ƙarfinsa.

Ana haka sai 'yar wanzamin layin, wadda ta yi karatun ɗaukar hoto, ta zo da sanarwa. Za ta shirya taro a zauren ƙungiya, kowane baƙo ya ɗauki kansa da kansa, hoto ko bidiyo, ya nuna ko shi wane ne tsakanin ƙasar da ya baro da wadda yake ciki. Sharaɗin ɗaya ne, kada wani ya riƙe maka waya. Za a haska komai da majigi a bango.

Ƙaramin-Aiki ya buga cinya. "Abin nema ya samu. Maman yara, a ranar za ki kira Inna ki juya mata wayar, ta ga ɗanta a bango, girmansa ya kai ƙofa."

Matar ta ce, "To madalla. Sai ka sa rigarka mai tsabta ka tsaya a bakin shago."

"Rigata? Ke kin san fasaha kuwa? Mutum irina ba ya shiga riga ɗaya." Ya nuna layin kayan da ke rataye cikin leda. "Ga tufafi Allah ya kawo har gida."

"Kayan mutane ne fa."

"Sawa zan yi, ba ci zan yi ba."

"Kayan aro dai ba ya rufe katara."

"Wannan ba aro ba ne, gwaji ne. Mai guga na ƙwarai sai ya ji yadda riga ke zama a jiki kafin ya miƙa ta."

Da farar rigar Likita, wani mai kawo musu wanki, ya fara. Ya jira matar ta fita, ya rataya zanin gado fari a bayansa don wurin ya yi kama da asibiti, ya jingine waya a jikin kwalbar sitati. Abin awon ƙirji ne babu, sai ya cire tiyon injin tururi ya rataya a wuya. Ya danna waya, ya ruga ya tsaya, ya harɗe hannu.

"Ni ne wanda ya baro gida da jaka ɗaya," ya fara, "yau ga shi rayukan jama'a..."

Sai ga wanzami ya turo ƙofa, ya zo karɓar kwat ɗinsa. Ya tsaya ya dube shi daga sama har ƙasa.

"Mutumina, yaushe ka gama karatun? Jiya da yamma dai na bar ka kana wanke safa."

"Ka fita daga cikin hoton, kana tare mini haske."

"Zan fita. Ba ni kwat ɗina."

"Bai bushe ba."

"To wannan ƙaurin fa, daga ɗakin tiyata yake fitowa?"

Dutsen guga ne, ya bar shi a kwance kan tawul ɗin wani. Kafin ya kai hannu hayaƙi ya tashi, ƙararrawar gobara ta ɓarke da kuka, 'yan layi suka yo ca a ƙofar shago. Tsohon da ke sayar da jarida a gefe, ɗan asalin garin, ya shigo da bokitin ruwa, santsi ya kwashe shi ya zube. Da ya ɗaga ido ya ga farar riga a kansa, sai ya cafke gefenta yana nuna ƙafa yana roƙo da yarensa.

Mai hankali da sai ya ce shi ba likita ba ne. Ƙaramin-Aiki ya tuna waya tana ɗauka, ya durƙusa, ya ce wa jama'a su ba shi wuri. Ya kama ƙafar tsoho ya ja da ƙarfinsa. Tsoho ya kurma ihu, ya miƙe tsaye ba shiri.

"Kun gani?" in ji Ƙaramin-Aiki. "Ya taka."

Wanzami ya ce, "Ai dole ya taka, mai lafiyar ka ja. Yanzu biyun ke ciwo."

Washegari ya ce asibiti ya isa haka, saura sama. Akwai kakin wani matuƙin jirgi da ke kawo musu wanki, mutum siriri, shi kuwa Ƙaramin-Aiki Allah ya hore masa tumbi. Ya riƙe numfashi ya cusa kansa ciki, maɓallai suna neman agaji. Ya hau rufin benen da shagon yake ƙasansa, ya kafa waya a kan bulo. Dabararsa ita ce ya jira jirgi ya gitta ta bayansa, shi kuma ya sara.

Ya jira, ya jira, rana ta gasa shi. Tantabaru suka zo suka duba shi suka tafi. Can iska ta taso ta fizge hular matuƙin daga kansa ta mirgina da ita. Ya sunkuya zai cafke, wandon ya ce ƙyat daga baya har ƙasa, kuma a daidai lokacin ne jirgin ya wuce, ƙato, fes, kamar an aiko shi.

Ya tattara waya da hula zai sauka, ya tura ƙofar bene, ƙofa ta ƙi. Ya sa kafaɗa, ta ƙi. Ya ja da baya ya zo da gudu ya banke ta, kafaɗar ce ta ji a jikinta. Dole ya leƙa ta kan katanga, hannu ɗaya dafe da bayan wando, yana kiran matarsa. Kafin ta fito, rabin layi ya taru ana ɗaga kai.

Ta kare ido da tafin hannu. "Maigida, me kake yi a can?"

"An kulle ni. A kira masu tsani."

"Ka tuƙo jirgin ka sauko mana."

Wanzami ya ce, "A yi masa uzuri, bai samu izinin sauka ba."

Tsohon mai jarida, yana dogara sanda, ya faɗi wata magana da yarensa wadda ba sai an fassara ba. Matar ta haura benen tana ƙunƙuni, ta turo ƙofar da yatsa biyu, ta buɗe. Ashe daga wajensa ja ake yi, ba turawa ba.

Ya ce, "Ni na sassauta miki ita."

Ita ta zauna ta ɗinke wandon. Tana ɗinki tana cewa ya bari haka, ya tsaya a shago ya ɗauki hoto ɗaya a aika wa Inna a huta. Ya ce ai yanzu aka fara, an nuna ci gaba, saura asali. Mutum ba ya manta tushensa.

Tushen nasa kuwa yana rataye a ƙarshen layi: babbar rigar Shugaban ƙungiya, shaddar da ta sha aiki tun daga wuya har ciki, wadda Shugaba ke ji da ita kamar ɗan fari. Kullum sai ya biyo ya tambaya, kullum amsar ɗaya ce.

"Ranka ya daɗe, bai bushe ba."

"Ikon Allah. Wai a cikin rijiya kuke shanya?"

"Shadda mai daraja ba a gaggauta mata."

Wannan ya yi wa Shugaba daɗi, ya tafi yana gyaɗa kai.

Ƙaramin-Aiki ya naɗe rigar a leda ya nufi lambun shaƙatawa na unguwa, inda akwai ɗan tafki. Ya zura ta a bayan bishiya, ya jingine waya a kan benci. Yana so a ga tsuntsaye sun kewaye shi kamar mai baiwa, don haka ya taho da burodi ya marmasa a gabansa, ragowar ya cusa a aljihun rigar. Ya ware hannuwa, iska ta cika riga, abin har ya fara kyau.

"Duk inda na je," ya ce wa wayar, "jinin mazan jiya ne ke gudana a jikina. Kakana da hannu ya taɓa kama..."

Ba tantabaru ne suka amsa gayyatar ba, dinya ce, garke guda. Babbar cikinsu ta cinye na ƙasa, ta shinshino na aljihu, ta miƙa wuya tana huci. Ya ce mata kul. Ta cije shi a cinya. Jikan mazan jiya ya tattare riga ya zura da gudu, dinya na biye da shi da fukafukai a buɗe, yana zagaya bencin yana kiran sunan Allah da na Inna. A zagaye na ƙarshe ya taka bakin rigar, ya tafi da ciki cikin tafkin. Ruwan iya gwiwa ne, amma ya nemi ceto kamar a teku.

Da Shugaba ya biyo da yamma ya tambaya, Ƙaramin-Aiki ya ce bai bushe ba. Matar ta ce daga bayan kantar shagon, "Yau kam gaskiya ya faɗa, ranka ya daɗe."

Ranar miƙa aiki ya kai wa 'yar wanzami wayar, yana tafiya yana ɗingishi. Ta buɗe ta fara kallo, ta toshe baki da gefen mayafi.

"Kawu, ka kalli abin nan kuwa?"

"Ni na yi shi, me zan kalla?"

"Duk ka bar wayar tana ɗauka. Bari in yanke wasu wurare, in bar inda ka tsaya daidai."

"Ki yanke? 'Yata, tun ba a haife ki ba nake harkar hoto. Aikin gwani ba a sa masa almakashi."

"Kawu, akwai dinya a ciki fa."

"Na sani, ni na gayyace su. Ki haska shi yadda yake. Kuma ki haɗa wayar maman yara da lasifika, kowa ya ji albarkar da Inna za ta sa mini."

A ransa ya ɗauka in mutum ya daina yi wa waya magana, ita ma sai ta daina saurare. Yarinyar ta sake roƙonsa, ya rantse in ta taɓa ko ƙyas zai kai ƙararta wurin ubanta. Ta ce to, ta gayyaci duk layin.

Ranar taro bayan la'asar aka ja labule, zaure ya cika. Ƙaramin-Aiki ya shigo a makare don a gan shi, cikin baƙin kwat da farar taguwa da hula mai aiki, yana ɗaga wa mutane hannu. Ya zauna a sahun gaba kusa da wanzami. Wanzami ya dubi kwat ɗin, ya ce ya yi kyau, shi ma yana da irinsa.

Aka fara nuna na sauran. Wata mata ta ɗauki hannuwanta kawai riƙe da makullin gidan ubanta. Wani direba ya ɗauki fuskarsa a madubin motarsa yana waƙar da uwarsa ke yi masa. Wasu cikin jama'a suka yi ta share ido. Ƙaramin-Aiki ya raɗa wa wanzami cewa duk wannan share fage ne.

Matarsa ta kira Inna, ta juya wayar ta fuskanci bango. Muryar tsohuwa ta cika zauren. "Ina ji, ina ji. A nuna mini shi."

Farar riga ta bayyana, girmanta ya kai ƙofa kamar yadda ya yi alkawari. Likita, wanda ke zaune a sahu na biyu, ya gyara tabarau.

"Wannan tabon tawadar da ke aljihu na san shi."

Inna ta ce, "Wane ne wannan da igiya a wuya? Ina Auta?"

Ƙararrawa ta yi kuka a bango, tsoho ya zube, aka ja ƙafa. Tsohon mai jarida ya miƙe a cikin zaure yana nuna majigi da sanda yana kafa shaidu. Dariya ta ɓarke. Ƙaramin-Aiki ya juyo ya ce wa 'yar wanzami ta tsallake nan, ta ce ai aikin gwani ba a sa masa almakashi.

Sai rufin bene. Sautin yagewar wandon ya fito ta lasifika tsaf. Matuƙin jirgin, wanda ya biyo daga wurin aiki da kakinsa a jiki, ya tashi a hankali ya kai hannu baya yana laluben ɗinki. Da ya ji shi, ya koma ya zauna yana dariya har da hawaye. Inna ta ce ita dai ta ga jirgi, mutumin kuma ya juya mata baya, wannan wane irin rashin tarbiyya ne.

Shugaba yana cikin masu ƙyaƙyatawa, har yana dukan kujera. Sai shadda ta cika bango. Dariyarsa ta yanke. Ya bi rigarsa da ido tana zagaya benci, ya bi ta har cikin tafki.

"Allah sarki, bawan Allah," in ji Inna. "Agwagwa ce ta kore shi? Ba shi da 'yan'uwa ne a garin?"

Mutane suka zube a kan kujeru. Aka kunna fitila, Shugaba ya taso yana huci.

"Malam, wannan ce shanyar?"

"Ranka ya daɗe, wankin zamani ne, ana jiƙa shadda a ruwa mai..."

"Wannan hular ta kanka ma tawa ce." Ya cire ta da kansa.

Wanzami ya kama gefen kwat ɗin ya juya, ya ga inda sigari ya taɓa ƙona masa. "Na ce ina da irinsa, ashe shi ne. Ya bushe ke nan. Tuɓe."

Likita ya matso cikin ladabi, ya ce ba don komai ba, amma taguwar gobe zai shiga taro da ita. Kafin ka ce kwabo, Ƙaramin-Aiki na tsaye a gaban zaure daga shi sai singileti da wando. Shugaba ya ƙura wa wandon ido, ya buɗe baki, ya waiga ya ga mata, ya ce a kawo masa shi gobe da safe.

Inna tana ta tambaya, "Wai me ake yi ne? An gama ban ga Auta ba?"

Matarsa ta juya wayar ta saita shi. Ya yi mata alama da ido kada ta yi, ta yi kamar ba ta gani ba.

"Ga shi nan, Inna."

"Matso da ita. Ƙara." Aka ji tsohuwa tana numfashi daf da waya. "Yauwa, ga Auta. Kai, wannan tumbin fa? Kuma me kake yi da singileti a cikin mutane?"

Ya kai hannu yana ƙoƙarin rufe tumbin. Matar ce ta ce, "Inna, wanki da guga muke yi. Duk waɗancan da kika gani shi ne, kayan masu kawo wanki ya sa. Yanzu masu kaya sun karɓi abinsu."

Ƙaramin-Aiki ya sunkuyar da kai, ya ji da ma ƙasa ta tsage.

"Wanki?" in ji Inna. "Auta? Wanda ko kofin da ya sha ruwa ba ya ɗaurayewa? Da hannunsa?"

"Da hannunsa, Inna. Tun safe har yamma yana tsaye. In ba ya shirme, babu mai guga irinsa a layin nan."

Shugaba ya yi gyaran murya, ya ce wannan kam ba a ƙi ta ba, karin da yake fitarwa ko tela sai haka.

Inna ta yi dariya har ta sarƙe, sannan muryarta ta karye. "Alhamdu lillahi. Duk shekarun nan da kake ce mini likitoci na layi, gabana faɗuwa yake yi. Ni na haife ka, na san bakinka. Na ɗauka zaman banza kake yi a ƙasar mutane, 'yar mutane tana ciyar da kai. Ashe sana'a gare ka."

Ya ce, "Inna, bari in nemo riga in..."

"Kar ka motsa. Ɗago kanka. Ke 'yata, ja baya kaɗan in gan shi har ƙafa. To, dawo fuskar."

Ya ɗago. Sanyin zauren na ratsa shi, hawaye na gangarowa cikin gemu, bai share ba. 'Yar wanzami ta kai hannu za ta cire wayar daga lasifika, ubanta ya riƙe ta.

"Kar a kashe," in ji Inna. "Ban gama ba."

Haka ya tsaya a gaban duk layin, hannuwa a gefe, har sai da tsohuwa ta ƙoshi da kallonsa.